Suna biyu cikin shekara saba'in: darussa daga jadawalin kociyoyin wata ƙaramar jami'a

Duk littafin tarihin ƙungiyar zari-ruga ta wata ƙaramar kwaleji a Amurka da ka buɗe, can wajen ƙarshe za ka tarar da shafi guda da mutane ba su cika tsayawa a kansa ba. Jerin manyan kociyoyin ƙungiyar ne tun kafuwarta: suna, shekarun da mutum ya riƙe, wasa nawa ya ci, nawa aka ci shi, nawa aka tashi canjaras, sai wata lamba mai ɗigo a gabanta. Wanda bai taɓa haɗa irin wannan jadawali ba gani yake aikin yini guda ne. Wanda ya taɓa kuwa ya san kowane layi a ciki da'awa ce da sai an kawo mata shaida, kuma ko bayan lambobin sun tabbata, karanta su wani aikin ne daban.

Wasan da ake nufi shi ne wanda Amurkawa ke kira ƙwallon ƙafa alhali da hannu ake yin mafi yawansa, mai hular kwano da kayan kare kafaɗa, mutum 11 kowane ɓangare. Makarantar da za mu riƙe a matsayin misali ita ce Jami'ar Saint John's da ke Collegeville a jihar Minnesota, wadda limaman Katolika na ɗariƙar Benedict suka kafa a 1857. Ta maza ce, ɗalibanta ba su kai 2,000 ba, kuma tana buga wasa a mataki na uku na NCAA, hukumar da ke kula da wasannin kwalejoji a Amurka, inda doka ta hana ba ɗalibi tallafin karatu saboda iya wasansa. Ta fara zari-ruga a 1900. Daga 1953 zuwa 2024 suna biyu kacal ne a jadawalinta: John Gagliardi, sai Gary Fasching.

Ba daga kociyoyi ake farawa ba

Kuskuren da kusan kowa ke soma yi shi ne ya jera sunayen kociyoyi, sannan ya shiga neman lambobin da zai cika musu. Daga wasanni ake farawa. Kowane wasa ya samu layinsa: kwanan wata, abokin karawa, filin da aka buga, maki, da inda aka samo labarin. Sai a tara wasannin su zama kaka, sannan a tambayi wa ya ja ragamar wannan kakar. Idan aka gama, jimillar nasarori da rashin nasara da canjaras na duk kociyoyin dole ta zo daidai da jimillar ƙungiyar. In aka samu ratar wasa ɗaya tak, akwai kakar da aka ƙirga sau biyu ko aka tsallake, kuma sai an koma an nemo ta.

Majiyoyin ba ƙarfinsu ɗaya ba. Jaridar ɗalibai da jaridar garin da suka fito a makon wasan sun fi littafin shekara da ɗalibai ke bugawa, shi kuma ya fi ɗan littafin da ofishin wasanni ya haɗa bayan shekara hamsin. Littafin shekara yana da tarkon da ya kama mutane da dama: ana buga zari-ruga ne daga Satumba zuwa Nuwamba, shi kuwa littafin sai wajen ƙarshen zangon karatu yake fitowa, a shekarar da ke biye. Wanda aka rubuta 1925 a bangonsa labarin kakar 1924 yake bayarwa. Mutum ɗaya ya kwafi shekarar bango, sai duk waɗanda suka zo bayansa su kwafa daga gare shi, a wayi gari an ba wani koci kakar da bai taɓa gani ba. Maganin abin shi ne a duba littafin abokan karawar. Kowane wasa yana da shaidu biyu, in suka saɓa sai a nemi jaridar ranar ta raba gardama.

Akwai kuma makin da ke kama da kuskuren bugu alhali daidai yake. Kai ƙwallo bayan layin abokan hamayya maki 6 ne a yau, amma daga 1898 zuwa 1911 maki 5 ne, kafin nan kuma 4. Bugun ƙwallo ta tsakanin sanduna ya sauko daga 5 zuwa 4 a 1904, ya koma 3 a 1909. Don haka idan ka ga an tashi 5 da 0 a wasan 1905, kada ka ce za ka gyara. In kuwa ka ga 1 da 0, wannan ba a fili aka ci shi ba, makin da doka ke rubutawa ne idan ɗaya ɓangaren ya janye ko aka ƙwace masa wasan.

Shekarun farko su ne masu wahala. Ƙananan kwalejoji a wancan lokacin suna karawa da makarantun sakandare da ƙungiyoyin gari, wasu makarantu suna ƙirga waɗannan wasannin, wasu ba sa yi. Babu laifi a kowace hanya, laifin shi ne a ƙirga wa wannan koci a hana wancan. Sau da yawa ma babu kocin: kyaftin ne ke tsara wasa, ko wani malami da aka roƙa ya riƙa leƙa atisaye. A irin wannan kakar a rubuta “babu koci” a wuce. Cusa sunan kyaftin a gurbin don kada a bar shi fayau, shi ne asalin kociyoyin bogi da ke yawo a littattafai da yawa.

Giɓi, da mutumin da ya tafi ya dawo

Joe Benda ya horar da Saint John's daga 1930 zuwa 1936, ya tafi Notre Dame ya yi mataimaki, George Durenberger ya riƙe daga 1937 zuwa 1940. Benda ya dawo ya yi 1941 da 1942, yaƙin duniya na biyu ya tsayar da wasa a 1943 da 1944, sannan ya sake riƙewa daga 1945 zuwa 1949. Kaka 14 ke nan. Mai gaggawa zai rubuta 1930 zuwa 1949, ya ba shi kaka 20, ya haɗiye huɗun Durenberger da biyun da ko ƙwallo ba a taɓa ba. Shi ya sa gurbin “yawan kakanni” ba a samo shi ta hanyar ɗebe shekarar farko daga ta ƙarshe. Ƙirgawa ake yi ɗaya bayan ɗaya.

Wasu giɓin sun fi wannan faɗi. Jami'ar Chicago ta daina wasan bayan kakar 1939, ba ta dawo da cikakkiyar ƙungiya ba sai 1969. Na baya-bayan nan shi ne 2020, lokacin da annobar korona ta sa aka soke gasar ƙasa ta mataki na uku. Makarantu da yawa ba su buga ko ɗaya ba, wasu kuma sun buga 'yan wasanni a farkon 2021, amma a littafi kakar 2020 ake kiranta. Wanda ya bi kwanan wata ido rufe zai haɗa su da kakar 2021 ta gaskiya, ya fito da ƙungiyar da ta buga wasanni fiye da yadda doka ta yarda.

Lambar nan mai ɗigo

Yadda ake fitar da ita: a ɗauki nasarori, a ƙara rabin canjaras, a raba da duk wasannin da aka buga. Ba kamar tamaula ba ne, inda canjaras ke ba da maki ɗaya cikin uku. A nan rabin nasara ne cif. Gagliardi a Saint John's ya ci 465, an ci shi 132, canjaras 10. Wato 470 a raba da 607, ya ba da .774. Wasu tsofaffin littattafai suna zubar da canjaras gaba ɗaya, su raba 465 da 597, su samu .779. Bambancin kaɗan ne a nan, amma ga kocin da ya yi aiki a shekarun da ake yawan tashi babu ci, yana iya sauya matsayinsa a jeri. A tuna kuma cewa daga 1996 aka shigo da ƙarin lokaci a duk wasannin kwaleji, canjaras ya ƙare. Sifilin da ke gurbin canjaras na kociyoyin zamani ba bajinta ba ce, doka ce.

Sai matsalar mutum biyu a kujera ɗaya. Shahararren koci Amos Alonzo Stagg, bayan ya tsufa, ya je Susquehanna a Pennsylvania ya yi aiki kafaɗa da kafaɗa da ɗansa daga 1947 zuwa 1952. Ƙungiyar ta ci wasa 21 a wannan tsakanin. Makarantar da iyalinsa sun nemi a saka su a lissafinsa, NCAA ta ƙi, domin a takarda ɗan ne babban koci. Har yau nasarorin Stagg 314 ne a hukumance. Darasin a fili yake: abin da ake bi shi ne takardar naɗi, ba wanda 'yan wasa suka fi jin muryarsa a fili ba. Haka ma mai riƙon ƙwarya. Idan koci ya kwanta rashin lafiya na wasa biyu amma kujerar tasa ce, yawanci wasannin nasa ne. Idan an sallame shi a tsakiyar kaka, daga ranar lissafi ya koma kan wanda ya karɓa. Kowace hanya aka bi, a rubuta ta a ƙasan jadawali.

Kada kuma a haɗa ƙwace wasa da goge nasara. A na farko sakamakon yana juyewa, wanda aka ci ya koma mai nasara. A na biyu ana share nasarar ne daga littafin mai laifi, amma wanda aka doke yana nan a doke. Mary Hardin-Baylor ta jihar Texas ta ci kofin ƙasa na mataki na uku a 2016 bayan ta doke Wisconsin-Oshkosh 10 da 7, daga baya NCAA ta goge kofin saboda saɓa dokar kyautata wa 'yan wasa. Ba a miƙa wa Oshkosh kofin ba, gurbin shekarar fayau yake. A irin wannan yanayi littattafan makarantu biyu ba za su taɓa daidaita ba, kuma ba laifin mai lissafi ba ne.

To, an haɗa jadawali. Me yake faɗa?

Nan ne aikin ya fi daɗi, nan ne kuma aka fi yin ɓarna. Ɗauki yawan nasarori. Gagliardi ya bar aiki da 489, idan aka haɗa da 24 da ya samo a Kwalejin Carroll ta Montana daga 1949 zuwa 1952, kuma babu kocin kwaleji da ya kai shi. A ranar 8 ga Nuwamba 2003 ya wuce 408 na Eddie Robinson na Grambling, da ya doke Bethel 29 da 26. Larry Kehres na Mount Union a Ohio ya tsaya a 332. Amma Gagliardi kaka 60 ya yi a Saint John's, kusan nasara 8 a kowace kaka. Kehres kaka 27 ya yi, daga 1986 zuwa 2012, sama da nasara 12 a kowace kaka, an ci shi sau 24 kacal, canjaras 3, makinsa .929, da kofin ƙasa 11. Wanne ya fi? Jadawali ba zai amsa ba, domin tsawon kakar ma ya sauya. A 1963 Saint John's ta ci duk wasanninta har da kofi, aka samu 10. A 2003 ta sake yin haka, aka samu 14. Gasar fitar da gwani ta mataki na uku da ƙungiya 4 ta fara a 1973, ta koma 8, ta koma 16 a 1985, 28 a 1999, 32 a 2005. Duk faɗaɗawar nan ƙarin wasanni ce ga ƙungiyoyi masu ƙarfi kaɗai.

Kofunan ma ba na hukuma ɗaya ba ne. Na 1963 da 1965 na Gagliardi a ƙarƙashin NAIA, wata hukumar wasannin ƙananan kwalejoji, aka ci su, na 1976 da 2003 a ƙarƙashin NCAA. Jadawalin da ya ce “kofi 4” ya yi shiru bai yi ƙarya ba, amma ya yi tuya ya manta da albasa.

Abin da ya fi kowanne muhimmanci, kuma jadawali ba ya nuna shi, shi ne cewa ɗalibi kaka huɗu yake bugawa. Sabon koci yana shekara biyu zuwa uku yana wasa da yaran da wani ya nemo ya raina. Lance Leipold ya karɓi Wisconsin-Whitewater a 2007, ya ci kofin ƙasa a shekararsa ta farko, ya tafi Buffalo bayan kakar 2014 da nasara 109, rashin nasara 6, da kofi shida. Ba mai musun ƙwarewarsa. Sai dai Bob Berezowitz da ya gada, wanda ya riƙe ƙungiyar tun 1985, ya kai ta wasan ƙarshe a 2005 da 2006, Mount Union ta hana shi duka biyun. A jadawali layin Berezowitz babu kofin ƙasa, amma gonar da Leipold ya fara girba shi ya nome ta. Haka Vince Kehres da ya gaji mahaifinsa Larry a Mount Union a 2013: nasara 95, rashin nasara 6 cikin kaka bakwai, makinsa .941, sama da na uban. Duk wanda ya ce wannan na nufin ɗan ya fi uban bai san yadda gidan yake ba kafin uban ya gina shi.

Dabarar da ke aiki ita ce a raba layin kowane koci gida biyu: kaka uku na farko daban, sauran daban. Sannan a ɗauki kaka biyu na farko na magajinsa a ajiye kusa da nasa. Kocin da ya fara da kyau ya riƙa zamewa daga shekara ta huɗu, ya iya atisaye amma bai iya nemo yara ba. Wanda ya sha wuya a farko ya miƙe a ta huɗu da ta biyar, shi ne mai gini. Wanda kuma ƙungiya ta rushe da tafiyarsa, a binciki ajin da ya ɗauka a shekarunsa biyu na ƙarshe, galibi za a tarar ya daina fita nema tun kafin ya sanar zai tafi.

Gagliardi a kusa

Mutumin nan ya fara horarwa yana ɗan shekara 16, a 1943, a garinsu Trinidad na jihar Colorado, lokacin da aka kira kocin makarantarsu aikin soja. Da ya zo Saint John's a 1953 ya gaji Johnny McNally, wanda aka fi sani da Johnny Blood, tsohon tauraron ƙungiyar ƙwararru ta Green Bay Packers da ya yi kaka uku yana horar da Saint John's. An ruwaito McNally ya gaya masa ba wanda zai iya cin wasa a wannan makarantar. Gagliardi ya ci gasar yankinsu ta MIAC a shekarar farko. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne bai sake cinta ba sai 1962. Kaka takwas a jere babu kofi. A babbar jami'a da tuni an nuna masa ƙofa, da kuma jadawalin Saint John's ya ƙaru da suna biyu ko uku, da ba mu san shi ba. Tsawon layin nan rabinsa haƙurin masu makaranta ne.

Hanyar horarwarsa ta yi suna da abubuwan da ya hana. Ba usur. Ba kayar da juna a atisaye. Ba tura keken ƙarfen nan da 'yan gaba ke gwada ƙarfi da shi. Ba tilasta ɗaga ƙarfe. Atisaye ba ya wuce minti 90. Ba a kiransa koci, John ake ce masa. Duk 'yan ajin ƙarshe kyaftin ne, kuma ba a korar kowa daga ƙungiya, shi ya sa a wasu shekarun 'yan wasansa suka haura 150. Mai kallo daga nesa zai ɗauka sassauci ne. Lissafi ne. Ƙaramar makaranta ba ta da wanda za ta sa idan gwaninta ya karye ranar Talata a hannun abokinsa, don haka ake ajiye karo sai ranar Asabar. Lokacin da aka rage daga kokawa ana zuba shi ne a maimaita tsarin wasa sau da yawa, da sauri, har kowa ya san inda ƙafarsa za ta sauka ba tare da tunani ba. Gajeren atisaye kuma yana barin ɗalibi ya yi karatu, kuma a matakin da ba a biyan kowa, yaron da wasa ya hana shi karatu ajiye hular kwano yake yi ya tafi.

Rashin korar nan ma yana da fuska ta biyu da ofishin kuɗi ya fi kowa ganewa. A makarantar da ɗalibai ba su kai 2,000 ba, yara 150 da suka zo don wasa kuma suke biyan kuɗin makaranta ba ƙaramin abu ba ne. Shi ya sa a ƙananan kwalejoji ake auna koci da abu biyu, ɗaya a allo ɗaya a rajista. Akwai kociyoyin da makinsu bai kai .500 ba amma suka shekara goma sha, mai karatu ya yi ta mamaki. Amsar tana wajen magatakarda, suna cika aji kuma yaransu suna kammalawa. A da can ma ba aiki ɗaya suke yi ba. Gagliardi ya horar da ƙungiyar hokin ƙanƙara da ta guje-guje a Saint John's, daga baya ya riƙe ofishin daraktan wasanni. Idan ka ga koci ya sauka yana tsaka da nasara a tsohon jadawali, duba ko kujerar darakta ya koma.

Wanda ya kwaikwayi jerin hane-hanen ba tare da sauran kayan haɗin ba, ba lallai ya ga abin da Gagliardi ya gani ba. Hana kayarwa a atisaye yana tafiya ne idan yaran sun zo da iyawarsu daga sakandare, kuma Saint John's tana da tsofaffin ɗalibai birjik a Minnesota da ke turo mata irin waɗannan yaran.

Mahaɗar layi biyu

Idan lokaci ya yi maka kaɗan, bar tsakiyar layuka ka duba inda wani ya ƙare wani ya fara. Gagliardi ya rufe da nasara 5, rashin nasara 5 a 2012, ya sanar da ritaya a watan Nuwamba, kafin Disamba ta ƙare an naɗa Fasching, tsohon ɗan wasansa kuma mataimakinsa na shekaru masu yawa. Saurin nan ba na ado ba ne. Daga Disamba zuwa Maris ne 'yan ajin ƙarshe na sakandare ke yanke shawarar inda za su, kuma kocin mataki na uku ba shi da kuɗin da zai ja su da shi, sai waya, da ziyara, da zama da iyaye. Makarantar da ta bar kujera babu kowa har Maris ta yi asarar aji guda. Ba a ganin asarar a kakar da ke tafe, sai bayan shekara biyu ko uku, lokacin da ya kamata wannan ajin ya zama ƙashin bayan ƙungiya. A lokacin ne ake ɗora wa sabon koci laifin ramin da ba shi ya haƙa ba. Fasching ya ci MIAC a 2014, ya kai wasan kusa da na ƙarshe na ƙasa a 2019.

A nan ma sai an dubi maƙwabta. Shekarun ƙarshe na Gagliardi sun zo daidai da tasowar babbar abokiyar hamayyarsu, St. Thomas, a hannun Glenn Caruso da ya karɓa a 2008. Karawarsu ta 2017 a filin Target da ke Minneapolis ta tara mutum 37,355. A shekarar ce St. Thomas ta lallasa St. Olaf 97 da 0, a 2019 aka sanar da fitar da ita daga MIAC ba da son ranta ba, a 2021 ta haye mataki na ɗaya. Duk nasarar da kocin Saint John's ya samu daga 2021, a gasar da babu St. Thomas ya same ta. Wannan ba rage masa daraja ba ne, amma dole a rubuta shi a gefe, kamar yadda ake rubuta shekarar da makaranta ta sauya rukuni ko mataki.

Ɗaya irin jadawalin kuma shi ne mai gajerun layuka a jere. Kwalejin Occidental ta Los Angeles ta yi koci ɗaya, Dale Widolff, daga 1982 zuwa 2011. Bayansa aka yi uku cikin kaka takwas. A 2017 ta soke wasanni saboda masu lafiya a ƙungiyar ba su isa a fita fili ba, a 2020 ta rufe wasan baki ɗaya. Yadda abin ke tafiya a irin waɗannan wurare sananne ne: aji ya zo da ƙaranci, 'yan layin gaba su rasa masu canjinsu, gajiya ta jawo rauni, rauni ya jawo shan kashi, shan kashi ya kori yaran da ake nema. Amma a yi hattara da saurin yanke hukunci. Yawan sauya koci yana kashe ƙungiya, gaskiya ne, sai dai sau da yawa makarantar ce ta riga ta janye hannu, ta rage kasafi da mataimaka, kociyoyin suka ga haka suka kama gabansu. Kafin a ce wanne ya haifi wanne, sai an duba yawan 'yan wasa a rajistar kowace shekara da yawan mataimaka masu cikakken albashi.

Linfield ta garin McMinnville a jihar Oregon, wadda Saint John's ta doke 33 da 0 a wasan ƙarshe na 1965, ita ce ta fi kowa iya wannan miƙa ragamar. Tun 1956 kowace kaka da ta buga nasarorinta sun fi rashin nasararta yawa, kuma a 1998 ta wuce tarihin kaka 42 da Harvard da Notre Dame ke riƙe da shi. Mutum biyar ne suka ɗauki wannan nauyin. Paul Durham ya riƙe daga 1948 zuwa 1967. Ad Rutschman, wanda ya buga wasa a hannun Durham, ya karɓa a 1968 ya kai 1991, ya ci kofin NAIA a 1982, 1984 da 1986. Ed Langsdorf da Jay Locey duk mataimakansa ne kafin su hau, Locey ya ci kofin NCAA a 2004. Joseph Smith da ya karɓa a 2006 ɗan makarantar ne, kuma shi ke kula da masu tsaron baya a zamanin Locey. Babu wanda ya zo ya ce sai an rushe an sake gini.

A jadawalin Linfield layin Rutschman ya ƙare a 1991. Shekaru bayan haka ya dawo filin a matsayin mataimaki, aikinsa koya wa yara yadda ake karɓar bugun farko a ruga da ƙwallo, a ƙarƙashin mutanen da shi ya raina su a aikin. Waɗannan kakannin babu ko ɗaya da aka rubuta a gaban sunansa.